Ba Ƙaho Ba Ne

Tun kafin Haliru ya gama tsayar da babur Malam Lado ya diro daga baya. Takalminsa ɗaya ya fita, bai tsaya ɗauka ba, ya nufi taron da sandarsa a hannu yana ɗingishi a kan ƙasar da ranar bazara ta gasa. Haliru ya jingine babur ɗin a gindin darbejiya, ya tsinci takalmin ya bi bayansa yana kira, amma kalangu ya riga ya cika filin, shi kansa ba ya jin muryarsa.

Bikin auren ɗan Alhaji Maharazu ake yi, babban mahauci a wani ƙauye da ke kan hanyar Rano. Kamar yadda ya saba duk lokacin da abin farin ciki ya same shi, ya sa a yi hawan ƙaho. Jama'a sun kewaye fili, wasu a kan katanga, wasu a kan bishiya, kusan kowa ya ɗaga waya. A tsakiya ga bijimi mai ruwan toka an ɗaura masa igiya biyu, ɗaya a ƙaho, ɗaya a ƙafar baya, kowace samarin mahauta sun riƙe ta tamau. An murɗe masa wutsiya, an watsa masa garin barkono a hanci don ya fusata, kumfa tana zuba daga bakinsa. Wani saurayi ya tuɓe riga, ya sha guru da layu, yana ta kirari, yana shirin faɗawa tsakanin ƙahonin ya rungume wuyan sa, a ga ko bijimin zai iya yar da shi.

Haliru ya gane bijimin. Toka ne, bijimin Malam Lado. Ta saman danga ya ga girmansa tun yana maraƙi.

Danga ɗaya ce ta raba gidan Haliru da na Malam Lado a gefen garin Fassi. Malam Lado Bafulatani ne da ya ajiye yawon kiwo tun da ƙuruciya ya zauna, yana noma, yana riƙe da 'yan shanunsa a garke a bayan gida. Haliru manomi ne, ya kai ɗan cikinsa a shekaru. Da kaka ya ba dattijon kara da harawa, da bazara dattijon ya ba shi taki, haka suke tun zamanin mahaifin Haliru.

Abu ɗaya ne ya raba Malam Lado da sauran dattawan gari. Shekarun baya ya taɓa zuwa kallon hawan ƙaho, ƙafar sa ta karye a tsakiyar wasa, amma ba a fasa ba, aka ci gaba da jan sa da ƙafa uku ana shewa har makaɗa suka gaji. Tun daga ranar ya ɗaura aniyar sai an daina. Ya je wurin masu unguwa, ya je wurin dagaci, ya bi limamai har gida. Ranar kasuwar Kibiya in masu wasa da kura ko biri suka zo, sai ya tsaya a gabansu yana tambayar su wa ya cire wa dabbar haƙora, yaushe rabonta da ta sha ruwa. Har gidan rediyo ya taɓa bugawa a shirin da ake karɓar kiran masu sauraro, aka bar shi ya fara, aka ce lokaci ya ƙure. Bai taɓa cewa kada a yanka ba. Shi kansa yana layya, yana cin nama. Abin da yake faɗa kullum shi ne Allah ya halatta mana wuyan dabba, bai halatta mana mu mai da tsoronta abin dariya ba.

Gari ya sa masa suna Lauyan Shanu. Haliru ne yake kai shi duk wuraren nan a babur, don maƙwabtaka, ya tsaya a waje har a gama. In ya dawo ya zauna a teburin mai shayi aka taso da zancen Lauya, shi ma yakan yi dariyarsa tare da kowa.

Da damina ta matso aka ga rufin ɗakin Inna Maijidda, matar Malam Lado, ba zai ƙara ɗaukar ruwa ba, ga kuma taki na zamani da za a saya. Dole aka fitar da Toka. Dattijon ya ba babban ɗansa Khalid igiyarsa, ya ce ya kai shi kasuwar Rano, ya sayar wa manomin da zai yi huɗa da shi, ko ma mahaucin da zai yanka, amma ban da Alhaji Maharazu da yaransa. Khalid ya dawo ya ce wani manomin Zinyau ne ya saya. Sai da safiyar ranar bikin wani mai tallan goro ya faɗa wa dattijon a ƙofar masallaci, yana dariya, cewa yau san Lauya ne zai shiga fage. Ko gida bai koma ba, ya buga wa Haliru sallama.

Yanzu ga shi yana ratsa mutane da kafaɗa. Kafin wani ya ankara ya wuce samarin da ke riƙe da igiya, ya shiga tsakiyar fili. Haliru ya tsaya a bakin da'irar da takalmi a hannu.

Bijimin ya sunkuyar da kai yana tonon ƙasa. Malam Lado ya yar da sandarsa, ya yi wani kira da Fillanci can ƙasan maƙogwaro, irin wanda Haliru yake ji kowace yamma ta bayan danga. Kunnuwan sa suka motsa. Dattijon ya sake kira, yana matsawa a hankali, har ya ɗora hannu a kan tozonsa. Toka ya ɗaga kai, jikinsa yana rawa, ya tsaya cak. Malam Lado ya kama bakin rigarsa yana share masa barkonon da ke hanci.

Kalangu ya yi shiru. Wani ya yi tsaki daga kan katanga, wani ya ce a fitar da tsohon nan, hayaniya ta tashi ta ko'ina. Alhaji Maharazu ya taso daga kan kujerarsa yana gyara babbar riga.

"Alhaji, naka ne, ka saya," in ji Malam Lado. "Ban zo karɓa ba. Ka sa a ba shi ruwa, a kai shi bayan gida a yanka. Abin da na zo roƙo ke nan."

Alhaji Maharazu bai yi fushi ba, dariya ma ya yi. Ya ce mutane sun taso tun daga Rano da Rurum don kallon nan, me zai ce musu? Ya ce wannan gadon iyayensu ne, tun kafin a haifi Malam ake yi, Malam ya yi haƙuri ya koma gefe a kawo masa kujera. Ya juya ya ɗaga wa makaɗa hannu. Suka sake kamawa, amma da wani take na tsokana, taron ya fashe da dariya.

 Malam Lado ya zaga bayan bijimin ya durƙusa, ya kai hannu kan ƙullin igiyar ƙafa.

Haliru ya ga abin da ya faru, don ta gefensa aka yi. Ɗaya daga cikin samarin ya ce, "Ku ja." Suka ja gaba ɗaya. Igiyar ta miƙe ta share ƙafafun dattijon, ta fizge ƙafar sa daga ƙasa, Toka ya tafi ta gefe ya zube da dukan nauyinsa a kan mutumin da ya raine shi. Kan bijimin yana can ɗaya ɓangaren, ƙahoninsa ko rigar dattijon ba su taɓa ba.

Da ƙyar aka janye bijimin. Malam Lado yana kwance idonsa a buɗe, bakinsa yana neman iska. Motar da ke kusa ita ce a-kori-kurar da Alhaji yake dakon nama da ita, a bayanta aka shimfiɗa shi, Haliru ya tallafe kansa a cinya. Ba su kai ga fita daga ƙauyen ba ya ji kalangu ya sake tashi a bayansu.

A asibitin Rano aka ce haƙarƙari sun karye, kuma akwai abin da ya taɓu a ciki, sai an wuce da shi Kano. Malam Lado ya girgiza kai. Likita ya lallashe shi, Haliru ya lallashe shi, 'yarsa Sa'adiya da ta taso daga gidan aurenta a Rurum Sabon Gari ta yi kuka har ta gaji. Ya ce shi ya san jikinsa, a mai da shi inda zai riƙa jin motsin shanunsa. Bayan 'yan kwanaki aka ba su magunguna suka dawo da shi.

Inna Maijidda ta yi masa shimfiɗa a ɗakin da ke kusa da garke, ta tara matasai a bayansa, don ba ya iya kwanciya sosai. Numfashinsa gajere ne, kowane ɗaya sai ya yamutsa fuska. Haliru ya bar sharar gonarsa, ya zama shi ne mai ɗaga shi, mai kai shi kewaye, mai riƙe masa buta.

Masu dubiya suka yi ta zuwa, kuma a bakinsu Haliru ya fara jin yadda labarin ya koma. Cewa ake bijimi ya soki Lauya. Wani ya ce a ciki ƙahon ya shiga, wani ya ce sai da ya ɗaga shi sama ya maka da ƙasa. Hoton bidiyo yana yawo a wayoyi, an yanke farkonsa, ba inda dattijon ya kira sa ya tsaya, ba inda aka ja igiya, sai faɗuwar kawai da ƙura, an ɗora masa kiɗa da muryar wani yana ƙyalƙyala dariya. A teburin mai shayi aka miƙo wa Haliru ya gani. Ya ce musu ba ƙaho ba ne, igiya aka ja, yana wurin. Mai shayi ya ce to, ƙaho ko igiya, ai duk dai sa ne ya danne shi. Wani dattijo ya ce abin da ya sa ke nan ake cewa dabba dabba ce, ko ka shekara kana yi mata lauya ba ta san ka ba. Haliru ya ajiye kofinsa da sauran shayi a ciki ya tashi.

Khalid kuwa bai shiga ɗakin ba tun da aka dawo. Da sassafe yake kora shanun da suka rage ya fita da su, in ya dawo ya zauna a kan turmi a bakin garke ya haɗa kai da gwiwa. Ɗan fari ne, Malam Lado bai taɓa kiran sunansa ba tun haihuwarsa, sai dai ya ce yaron nan. Yanzu ko yaron nan ɗin bai ce ba.

Wata rana da hantsi motar Alhaji Maharazu ta tsaya a ƙofar gida. Ya shigo da mutum biyu, ɗaya yana ɗauke da babbar leda. Ya zauna a bakin shimfiɗa ya yi jaje, ya ce ƙaddara ta riga fata, ya ce yara ne da gaggawa amma ba wanda ya nufi Malam da sharri. Ya ce ga wannan a yi wa mara lafiya romo, cinyar bijimin ce, tun ranar ya sa aka ajiye masa a firji, don shi ya fi kowa haƙƙi a kanta.

Malam Lado ya daɗe yana kallon ledar. Sannan ya tattara numfashi ya ce, "An ba shi ruwa?"

Alhaji bai gane ba, sai da Haliru ya ce masa san yake nufi, kafin a yanka.

"Haba Malam," in ji Alhaji. "Ana ta kanka, wa ke ta ruwan sa?"

Haliru ya tuna kalangun da ya ji daga bayan mota. Dattijon ya juyar da fuskarsa wajen bango. Baƙin suka ɗan zauna, suka yi addu'a suka tashi.

Inna Maijidda ba ta taɓa ledar ba. Ta tsaya daga bakin ƙofa ta ce wa Haliru ya yi wa Allah ya fitar mata da ita daga gidan. Ya ɗauka da niyyar ya kai can nesa ya ba wani, ya ajiye a zaurensa ya koma ɗaga dattijon. Kafin ya dawo matarsa Salma ta gani. Ta ce nama ne na halal, zafi zai ɓata shi, rabon yara da nama tun layya, zubar da shi kuma alhaki ne.  Da la'asar ƙamshin ya tsallake danga ya cika gidan Malam Lado.

Haliru yana zaune a bakin shimfiɗa yana yi masa fifita, ji yake kamar ƙasa ta tsage ya shige. Dattijon ya buɗe ido ya dube shi.

"Ku ci," ya ce. "Halal ne. Ni ban taɓa cewa haram ba ne."

Da aka kawo wa Haliru tuwonsa ya ce a zuba masa miya kawai, ban da nama. Ita ma miyar a cikinta aka dafa naman.

Kwanaki suna tafiya jikin yana ƙara sanyi. Ya daina karɓar komai sai kindirmo kaɗan da Inna take ba shi da cokali. Wani lokaci tari ya taso masa da jini, Sa'adiya ta share ta ɓoye tsumman. Duk da haka hankalinsa yana nan. Wata ranar Laraba ya kama hannun Haliru ya ce yana son ya yi masa aike, na ƙarshe. Ya ce ya je wurin dagacin ƙauyen da aka yi abin, ya gaishe shi, ya faɗa masa abin da ya gani da idonsa.

"Da in na je cewa suke dabba ce," ya ce. "Yanzu ga mutum. Wataƙila su ji."

Haliru ya hau babur ya tafi. Karo na farko ke nan da ya wuce bakin ƙofa ya shiga har cikin zauren. Ya durƙusa ya yi gaisuwa, ya faɗi yadda aka watsa barkono, yadda sa ya tsaya da aka kira shi, yadda aka ce a ja igiya. Dagaci ya saurare shi har ƙarshe, ya nuna alhini ƙwarai, ya tambayi jikin Malam. Ya ce lallai abin da ya faru ya isa darasi, kuma sun riga sun zauna da mahauta a kai. Daga yanzu duk wanda zai sa hawan ƙaho sai ya kafa itatuwa ya kewaye fili, ya kuma ɗauko 'yan banga, don kada wani ya sake samun hanyar shiga ya jawo wa kansa. Fadawan da ke zaune suka ce wannan shi ne adalci. Haliru ya buɗe baki zai ce ba wannan aka aiko shi nema ba, sai ya ga dagaci ya riga ya juya ga masu shari'ar iyakar gona da ke jira.

A hanyar dawowa ya yi ta juya abin da zai faɗa. Da ya shiga ɗakin dattijon ya zuba masa ido.

"Ya ce za a duba," in ji Haliru.

Malam Lado ya yi wani guntun murmushi. Ya ce wannan amsar ya san ta, tun Haliru bai sayi babur ba ake ba shi ita. Ya ce Allah ya yi masa albarka, ya ƙona mai a banza. Bai sake tayar da zancen ba.

Washegari Inna Maijidda ta fita bakin garke ta tsaya a kan Khalid. Haliru bai ji abin da ta ce ba, da Fillanci ta yi, kuma ba ta ɗaga murya ba. Sai ga Khalid ya shigo ɗakin yana sunkuye, ya durƙusa daga nesa, wajen ƙafafun mahaifinsa. Haliru ya yunƙura zai fita, dattijon ya riƙe masa gefen riga.

 Malam Lado ya tambaya, yana kallon rufi, ko an shayar da su yau. Khalid ya ce an shayar. Daga nan kuka ya ƙwace masa. Ya ce yaran Alhaji sun fi kowa tayi a ranar, ya ɗauka yankawa kawai za su yi, ya ɗauka ba za a sani ba.

"Baffa, ka yafe mini."

"Ni na yafe," in ji dattijon. Ya huta, ya sake jan numfashi. "Toka ne ban san yadda za ka yi da shi ba."

Khalid ya kifa goshinsa a kan tabarma. Mahaifinsa bai kore shi ba, kuma daga ranar Khalid ne ya karɓi fifita daga hannun Haliru.

Ranar Asabar da safe, rana ta ɗan ɗaga, Haliru yana gyara garmarsa a tsakar gida ya ji Sa'adiya tana kiransa ta saman danga. Ya tarar da numfashin ya canza, yana fita da wani sauti kamar ana jan zare a ƙirji. Ya zauna ya tallafe shi yana maimaita masa kalmar shahada a kunne. Leɓɓansa suka motsa sau ɗaya ko biyu. A waje wata saniya ta yi kuka, don ranar ba a fita da su ba. Bayan ɗan lokaci Haliru ya ji nauyin jikin ya sauka gaba ɗaya a hannunsa. Inna Maijidda ta matso ta shafe masa ido, ta ja mayafi ta rufe shi, ta koma gefe ta zauna ta miƙe ƙafafu. Ba ta yi kuka a gaban mutane ba.

Haliru bai taɓa ganin jana'iza mai yawan jama'a irin wannan a unguwarsu ba. Daga Kibiya aka zo, daga Rano aka zo, har da waɗanda ba su taɓa ganin marigayin ba sai a waya. Alhaji Maharazu yana sahun gaba, shi ya fara kama makara. A maƙabarta, ana jiran a gama jera itace, Haliru ya ji wani a bayansa yana ba baƙo labari ƙasa-ƙasa, cewa mutumin kirki ne amma akwai taurin kai, shekara da shekaru yana kare shanu, ƙarshe san da ya raina da hannunsa shi ya soke shi.

Haliru ya juya. Muryarsa ta fita da ƙarfin da bai yi niyya ba.

"Ba ƙaho ba ne. Igiya aka ja. Ina wurin."

Kawuna suka juyo. Wani dattijo ya dafa kafaɗarsa ya ce, "Haliru, maƙabarta ce." Liman ya ɗaga hannu aka shiga addu'a, aka roƙa wa mamaci gafara, aka roƙa wa iyalinsa haƙuri. Kowa ya shafa, aka watse. A hanyar komawa wasu samari suna gaba da shi suna gardamar ko bikin wa za a sa hawan ƙaho bayan Sallah, kuma ko da gaske ne za a kafa itatuwa.

Ruwa ya sauka ana zaman makoki. Haliru ya yi shuka a makare, ya shuka wa Inna gonar bayan gida tare da tasa. Ya daina zama a teburin mai shayi, ba wanda ya tambaye shi dalili.

Bayan sadakar arba'in dangi suka zauna rabon gado. Khalid ya ce shi ba zai iya ci gaba da kiwon shanun nan ba, ko kallonsu ba ya iya yi, zai tafi Kano neman aiki. Sa'adiya tana gidan miji, Inna ta tsufa. Aka yanke a sayar a raba. Ranar da dillalai suka zo da mota Haliru ya taimaka aka loda su, har da tsohuwar saniyar da ta haifi Toka, wadda sai da aka ɗaga ta ta baya. Ya tambayi babban dillalin ina za a kai su. Mutumin ya ce shi nasa ya kai kasuwa, wanda ya saya shi ya san abin da zai yi da kayansa. Ya rufe ƙofar motar suka tafi.

Da yamma, hadari ya haɗo ta gabas, sauro da ƙudaje sun fara tashi, Haliru ya fito zai kwashe shanya. Sai ya ji ƙaurin hayaƙi. Ya leƙa ta saman danga. Inna Maijidda ce a tsakiyar garke, cikin mayafinta na takaba, ta tara busasshen kashin shanu da ɗanyen ganye ta hura wuta, irin wadda ake yi wa shanu da damina don ta kore musu ƙwari. Ta durƙusa tana fifita ta da faifai har hayaƙin ya kama sosai. Sannan ta miƙe, ta dubi turakun da ke kewaye da ita, ta tsaya da faifan a hannu.

Haliru ya sauke kansa don kada ta gan shi. Hayaƙin ya yi ta bi ta tsakanin turakun a hankali, har aka fara yayyafi.